Idan Alƙali Ya Ce A Tsaya, Wa Ke Tsayawa?



Duk wanda ya saba karanta littattafanmu na Hausa ya san yadda marubuta ke son rufe labari da zaman kotu. A gurfanar da azzalumi, lauyoyi su fafata, a ɗage shari'a zuwa sati biyu don a ja ran mai karatu, daga ƙarshe alƙali ya yanke hukunci, nan take gandirobobi su tasa ƙeyar mugu, a miƙa wa marainiya gadon ubanta, sai tammat. A zahiri kuwa, musamman idan wadda aka kai ƙara gwamnati ce, ranar da alƙali ya yi magana ita ce babi na ɗaya. Daga ranar ne ake fara gano ko maganar tasa tana da nauyi, ko kuwa takarda ce kawai mai ɗauke da hatimi.

Ba sai mun je nesa neman misali ba. Ƙofar Ɗan Agundi tana kudancin ganuwar birnin Kano, tsakanin Sabuwar Ƙofa da Ƙofar Na'isa. In ka shiga ta cikinta ka nufi gari, ba za ka yi nisa ba za ka iske Ƙofar Kudu ta Gidan Rumfa. In kuwa ka fito ka bi titi ka yi gabas, ka wuce Ƙofar Nassarawa, za ka riski Gidan Nassarawa, gaba kaɗan kuma ga gidan gwamnati. A wannan ɗan taƙi aka yi dambarwar da ta girgiza Kano a 2024, kuma shari'ar da ta fi kowace tashe a cikinta sunan wannan ƙofa take ɗauke da shi, domin wanda ya shigar da ita shi ne Alhaji Aminu Babba Ɗan Agundi, Sarkin Dawaki Babba.

Tun da wuri bari in faɗa, ban zo zaɓar wa kowa sarki ba. Abin da ya dame ni shi ne abin da jami'an gwamnati ke yi idan kotu ta ce su dakata, da kuma ma'aunin da alƙalai ke ɗauka idan za su duba ko an bi umarninsu ko an yi fatali da shi. A nawa ganin, jami'anmu sun mayar da biyayya ga kotu wasan agogo da takarda, alhali tambayar da ya kamata a yi wa kowannensu guda ɗaya ce: ka sani ko ba ka sani ba?

Mu tuna yadda abin ya faru. Ranar Alhamis 23 ga Mayu, 2024, Majalisar Dokokin Jihar Kano ta soke dokar da ta raba masarautar gida biyar, Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu a ranar, aka ba sarakunan Kano da Bichi da Rano da Gaya da Ƙaraye awa 48 su bar fada. A wannan rana dai Ɗan Agundi ya garzaya Babbar Kotun Tarayya da ke Kano yana cewa dokar za ta raba shi da sarautarsa ba tare da an ji ta bakinsa ba. Shi dama ba baƙon kotu ba ne: Sarki Ado Bayero ya tuɓe shi daga sarautar Sarkin Dawaki Mai Tuta a 2003, ya shafe shekara 17 yana shari'a har Kotun Ƙoli ta tabbatar da tuɓewar a 2020, daga baya Sarki Aminu Ado Bayero ya ba shi sabuwar sarauta. Mai Shari'a Abdullahi Muhammad Liman ya saurare shi, ya ba da umarnin kowa ya tsaya a inda yake har a ji ƙarar. Washegari Juma'a gwamna ya miƙa wa Malam Muhammadu Sanusi II takardar komawa kan karaga, kuma a jawabinsa ya taɓo maganar umarnin, ya ce alƙalin yana Amurka ya bayar da shi. Kafin gari ya waye ranar Asabar, Sanusi yana Gidan Rumfa, Aminu Ado Bayero kuma ya sauka a Gidan Nassarawa jami'an tsaro na gadinsa.

Hujjar da gwamnati ta riƙe ita ce an riga an sa hannu a doka kafin umarnin ya fito, kuma takardar kotu ba ta isa hannunta ba sai bayan aikin gama ya gama. Ranar 20 ga Yuni, 2024, Mai Shari'a Liman ya ba da amsa, kuma yadda ya auna abin ya cancanci a tsaya a kansa. Bai tsaya ga rajistar mai kai sammaci kaɗai ba. Ya ce ya saurari jawabin gwamna da aka naɗa, na Hausa da na Turanci, ya kuma gamsu cewa waɗanda ake ƙara sun san da umarnin amma suka ci gaba. Saboda haka ya rushe duk matakan da aka ɗauka wajen aiwatar da dokar, amma ya ce bai taɓa ingancin ita dokar ba. Wato bakin mutum ne ya zama shaida a kansa. Ai ba ka sukar abin da ba ka san da shi ba.

To a nan ne ya kamata mai karatu ya lura da abin da sau da yawa ake cakuɗawa a hirar majalisa. Kotu tana da sanda biyu idan aka ƙi bin umarninta, kuma kowace da ma'auninta.

Sanda ta farko ita ce ɗauri saboda raina kotu. Tun da 'yancin mutum za a taɓa, doka ta tsaurara hanya. Dole umarnin ya zama bayyananne, babu harshen damo a cikinsa. Dole a kai wa mutumin takardar gargaɗi da lauyoyi ke kira Fom na 48, wadda ke sanar da shi cewa in ya ƙi bi zai kwana a gidan yari. In ya ƙi, a bi shi da Fom na 49, wanda ke kiransa ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Sannan dole a tabbatar da laifin yadda ake tabbatar da laifin sata ko kisa, ba tare da sauran kokwanto ba. In aka tsallake mataki guda, shari'ar ta rushe. Wannan ya sa za ka ga babban jami'i ya ƙi ganuwa, masu gadi su tare ma'aikacin kotu a bakin get, a ce oga ya yi tafiya.

Sanda ta biyu ita ce warware abin da aka ƙulla. A nan kotu ba ɗaure kowa za ta yi ba, cewa take yi duk abin da ka gina bayan ka san maganar tana gabana, rushe shi zan yi, a koma inda aka tsaya. Ita wannan ba ta dogara ga ko ka sa hannu a takarda ba, sani take nema. Tushenta a Nijeriya shi ne shari'ar Gwamnan Legas da Cif Emeka Ojukwu. A 1985 gwamnatin soja ta Legas ta tura mutum wajen 150 ɗauke da makamai suka fitar da Ojukwu daga wani gida a Ikoyi alhali magana tana kotu. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a mayar da shi, gwamnati ta ƙi, ta wuce Kotun Ƙoli tana neman a dakatar da umarnin. A 1986 Kotun Ƙoli ta ƙi biya mata buƙata, ta ce wanda ya taka umarnin kotu ba zai zo da ƙafar da ya taka shi da ita yana neman alfarmar kotu ba. Ka lura, a zamanin soja aka yi wannan, lokacin da bindiga ce ke mulki.

Akwai kuma wani awo na uku da alƙalai ke yi, wato duba ko jami'i ya motsa ko bai motsa ba. A ƙarshen 2022 Mai Shari'a Chizoba Oji ta wata babbar kotu a Abuja ta ba da umarnin a kai shugaban EFCC na lokacin, Abdulrasheed Bawa, gidan yarin Kuje saboda hukumarsa ba ta mayar wa wani tsohon hafsan sojan sama motarsa da Naira miliyan 40 ba. A ƙarshen Nuwamba na shekarar kuma Mai Shari'a Mobolaji Olajuwon ta yanke wa Sufeto Janar na 'yan sanda, Usman Alƙali Baba, ɗaurin wata uku saboda an ƙi mayar da wani ɗan sanda bakin aiki duk da hukuncin da aka yi tun 2011. Dukansu biyu babu wanda ya kwana a ɗaure. Cikin kwanaki suka koma kotu da takardun da ke nuna an ɗauki matakan biyayya, aka janye hukuncin. Wasu na ganin wannan wasa ne da hankali. Ni kuwa darasin da na gani daban ne: maganar da ta yi shekaru tana kwance a teburi, da aka ambaci sunan mutum guda tare da sunan gidan yari, cikin sati biyu ta tashi da gudu. Ofis ba ya jin tsoro, mutumin da ke zaune a ofis shi ke ji.

Na san abin da wani zai ce. Ai ranar 10 ga Janairu, 2025, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce Babbar Kotun Tarayya ba ta da hurumin shiga maganar sarauta tun asali, ta soke hukuncin Mai Shari'a Liman. Wannan gaskiya ne, kuma ba sabon karatu ba ne, domin tun 1989 Kotun Ƙoli ta faɗi haka a shari'ar Sarkin Muri Alhaji Umaru Abba Tukur, wanda gwamnatin soja ta tsohuwar Jihar Gongola ta tuɓe a 1986. To ashe gwamnati ta yi daidai ke nan da ta ƙi tsayawa? A'a. Ƙa'idar da Kotun Ƙoli ta kafa a shari'ar Rossek da bankin ACB a 1993 ita ce umarnin kotu, ko da kana ganin ɓatacce ne, yana kanka har sai wata kotu ta ɗauke shi. Doka ba ta hana ka ƙalubalantar hurumin alƙali ba, ƙofar a buɗe take, kuma ta ita aka bi har aka yi nasara a Janairu. Abin da ta hana shi ne ka zama mai ƙara kuma alƙalin kanka. Idan aka bar kowane mai mulki ya riƙa zaɓar umarnin da ya ga ya inganta, to ba kotu ke shari'a ba, shi ke yi. Sashe na 287 na Kundin Tsarin Mulkin 1999 ya ɗora wa dukkan hukumomi da mutane aiwatar da hukuncin kotuna, bai ware gwamna ko minista ba.

Kuma kada magoya bayan ɗaya ɓangaren su yi saurin tafi, domin wannan rawa an taka ta a baya da kiɗa iri ɗaya. A watan Mayu na 2019 Gwamna Abdullahi Umar Ganduje ya sa hannu a dokar da ta ƙirƙiro masarautun Bichi da Rano da Gaya da Ƙaraye. Mai Shari'a Nasiru Saminu na Babbar Kotun Jiha ya ba da umarnin a dakata. Gwamnati ta ci gaba da bikinta, aka ba sababbin sarakuna sanda, aka kafa hujja da cewa naɗi ya kammala kafin umarni ya iso. Ranar 21 ga Nuwamba, 2019, Mai Shari'a Usman Na'abba ya rushe dokar saboda ba a bi ƙa'ida wajen yin ta ba, cikin sati biyu majalisa ta sake yin wata. Ranar 9 ga Maris, 2020, aka tuɓe Sarki Sanusi, aka kai shi Loko, daga nan Awe a Jihar Nasarawa. Abin da ya fito da shi daga Awe ranar 13 ga Maris umarni ne na Mai Shari'a Anwuli Chikere ta Babbar Kotun Tarayya a Abuja, kuma da jami'an tsaro sun ce su ma sai sun yi nazarin hurumin kotun kafin su bi, da ya daɗe a can. Waɗanda suka yi kuka a 2019 cewa an raina kotu su ne suka yi shiru a 2024, waɗanda suka yi shiru a 2019 su ne suka fi kowa ɗaga murya a 2024. Hausawa sun riga sun gama magana: abin da ya ci Doma ba ya barin Awe.

Sai dai idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Alƙalai da lauyoyi suna da nasu kason a wannan ɓarna. Cikin sati guda a watan Mayu na 2024, Mai Shari'a Amina Adamu Aliyu ta Babbar Kotun Jiha ta hana Aminu Ado Bayero kiran kansa sarki, ta kuma hana jami'an tsaro fitar da Sanusi daga fada, yayin da Mai Shari'a Simon Amobeda na Babbar Kotun Tarayya ya ba da umarnin da ya yi hannun riga da nata. Abin ya kai Alƙalin Alƙalan Nijeriya na lokacin, Olukayode Ariwoola, ya kira shugabannin kotunan biyu su yi masa bayani. Ka sa kanka a matsayin kwamishinan 'yan sanda da aka miƙa wa takardu biyu masu hatimi, ɗaya ta ce fitar da wancan, ɗaya ta ce fitar da wannan. Komai ya yi ya bi kotu, komai ya yi ya saɓa wa kotu, daga ƙarshe wadda ta dace da ra'ayin wanda ke ba shi umarni daga Abuja ita zai ɗauka. Haka nan umarni mai harshen damo kyauta ce ga mai neman mafaka. Hukuncin 20 ga Yuni bai kwana ba kowane ɓangare ya fito ya ce shi ya yi nasara: waɗannan suka riƙe cewa an rushe naɗi, gwamnati ta riƙe cewa doka tana nan daram. Da wani ayarin alƙalan Kotun Ɗaukaka Ƙara ya sake cewa a watan Maris na 2025 a tsaya yadda ake har Kotun Ƙoli ta yi hukunci, nan ma sai da aka yi ta musun wace rana ce ake nufi da yadda ake.

Wa ya biya kuɗin wannan duka? Ba gwamna ba, domin sashe na 308 ya lulluɓe shi da rigar kariya muddin yana kan kujera. Kanawa ne suka biya. 'Yan sanda sun hana hawan Babbar Sallah ta 2024 da na Ƙaramar Sallah ta 2025 don gudun arangama, kuma a tsakanin biyun, a Disamba 2024, UNESCO ta sa hawan Sallar Kano cikin jerin al'adun duniya da ake taƙama da su. Maɗinka da masu kayan doki da masu sayar da ruwa da abinci a hanyar Hawan Daushe da Hawan Nassarawa su suka san abin da suka rasa. Amma babbar asarar ba ta kuɗi ba ce. Talakan da kotun unguwa ta ce ya biya bashin dubu hamsin, in ya yi gardama a Goron Dutse zai kwana, babu mai tambayarsa ko ya gamsu da hurumin alƙali. Yana kallo Kanar Sambo Dasuki ya zauna a tsare daga Disamba 2015 zuwa Disamba 2019 duk da belin da kotuna suka yi ta ba shi. Yana kallo kotu ta ce a saki Shaikh Ibrahim Zakzaky cikin kwana 45 a Disamba 2016, bai fito ba sai Yuli 2021. Ko kana son mutanen nan ko ba ka son su, darasin da ɗan unguwa ya ɗauka ɗaya ne, cewa doka gizo-gizo ce mai kama ƙuda ta bar ungulu. Ranar da wannan darasi ya zauna a zukata, mai bin bashi ba zai je kotu ba, 'yan daba zai nema.

Ba a Nijeriya kaɗai masu mulki ke gwada ƙarfi da kotu ba, bambancin yana wajen sakamako. A Ingila, a 1993, kotun ƙoli ta ƙasar ta tabbatar da cewa ofishin Ministan Cikin Gida ya raina kotu a zamanin Kenneth Baker, saboda an kori wani malamin makaranta ɗan Zayar duk da umarnin alƙali. A Afirka ta Kudu, a 2021, kotun tsarin mulki ta yanke wa tsohon Shugaba Jacob Zuma wata 15 saboda ya ƙi bayyana gaban kwamitin bincike kamar yadda ta umarta, kuma ya shiga gidan yari.

Me ya kamata a yi? Ni dai ga abin da nake gani. Alƙali ya fara warware maganar huruminsa kafin ya ba da umarnin da zai girgiza gari, kuma in zai ce a tsaya, ya faɗi rana da sa'a da wanda zai zauna a ina, yadda mai tallan goro ma zai fahimta. Hukumar da ke ladabtar da alƙalai ta riƙa hukunta wanda ya karɓi ƙarar da ya san tana gaban takwaransa, tare da lauyan da ya kawo ta. Masu ƙara su daina bin inuwa: rigar kariya gwamna da mataimakinsa kaɗai ta rufe a jiha, ba ta rufe sakataren gwamnati ko kwamishina ko babban sakatare ko shugaban 'yan sanda ba, kuma da hannunsu ake aiwatar da komai. A ambace su da suna. Manyan kotuna kuma su koma ga tafarkin shari'ar Ojukwu, duk gwamnatin da ta zo neman alfarma a fara tambayarta ko ta bi umarnin da ke kanta. Sannan shari'ar da zaman lafiyar gari ya rataya a kanta a ba ta wa'adi kamar yadda aka ba shari'ar zaɓe, domin jinkiri shi ne ribar mai ƙin biyayya. Ya san kafin a gama hawa matakan kotu uku, wa'adin mulkinsa ya ƙare ko kuwa mutane sun saba da abin da ya yi.

Saura mu. Mu ne masu kira a rediyo, mu ne masu rubutu a Facebook, mu ne masu zama a majalisa bayan Isha'i. Muddin muna auna umarnin kotu da launin hular wanda ya shafa, to kada mu yi mamaki idan mai mulki ya auna shi da buƙatarsa. Kafin ka yi murna gwamnanka ya yi kunnen uwar shegu da alƙali, ka tuna kujera juyawa take, gobe kai ne za ka tsaya a bakin get riƙe da takarda mai hatimi, mai gadi yana ce maka oga ya yi tafiya.

Allah Ya zaunar da Kano lafiya, Ya ba shugabanninmu da alƙalanmu ikon yin adalci. Mu kwana nan.